Ranar Da Aka Wanke Lifidan Dalmasu

Da sunan Allah nake buɗe baki, wanda ya shimfiɗa ƙasa ya danne ta da duwatsu, ya tufatar da kunkuru da ƙoƙo, ya tufatar da bushiya da ƙaya, sa'an nan ya bar ɗan Adam tsirara domin ya nemi sutura da hankalinsa.

Bayan haka, ni ne Malam Mijinyawa ɗan Cindo, wanda ya durƙusa a gaban malamai goma sha ɗaya, ya kuma taka ƙasashen da 'yan zamanin nan ba su iya ko faɗin sunayensu ba tare da tuntuɓen harshe ba. Abin da ya sa na ɗauki alƙalami a waɗannan shekaru, alhali ido ya yi rauni, shi ne wata tsohuwar riga da ke rataye a zaurena, mai launin toka, ƙandararriya kamar busasshen ƙirgi, da ɗan rami a ƙirjinta. Makon jiya wani maƙwabcina, mutumin da iyakar tafiyarsa a duniya ba ta wuce kasuwar ƙauye ba, ya toshe hanci ya ce mini, "Allah gafarta Malam, wannan tsumma ba za a ba mata su wanke ba?"

Tsumma! A wanke! Na juya masa baya cikin fushi. To, ga amsar nan a rubuce, ya nemi mai karanta masa.

Mahaifina maɗinkin lifidi ne. Lifidi kuwa, ga waɗanda aka haifa bayan an daina yaƙin kibiya, riga ce mai ruɓi biyu, a cusa audugar rimi a tsakani, a bi ta da ɗinki layi-layi har ta yi kauri, domin ta tare makami. Da na cika shekara talatin sai na rataya gafaka, na ɗauki kundi da tawada da almakashin mahaifina, na yi alkawarin ba zan dawo ba sai na rubuta tutar kowace runduna da suturarta da makamanta. Na ga mayaƙan da kwalkwalinsu ƙoƙon kunkurun teku ne. Na ga masu garkuwar kunnen giwa, na ga masu saƙa sulke da ƙashin kifi. Amma a ko'ina na tsaya a maƙera, sai in ji maƙeran kibiya suna tsine wa wani birni wai shi Dalmasu, suna cewa kibiyarsu lanƙwashewa take yi a jikin rigar mutanensa. Wannan riga ita na sa a gaba, shekara tara ina neman hanyarta.

Hanya ta bi da ni ta Birnin Walwadi, inda mutane suka haukace a kan tuta. Kowane sarki in ya hau sai ya ƙara wa tutar ubansa kamu ɗari, don kada a ce ya gaza. A zamanin da na je, tutar ta kai faɗin gonar gandu, an ɗaura ta a jikin giginyu uku da aka haɗa, mutum arba'in ne ke riƙe da igiyoyinta. Masu riƙon nan ɗaure su ake yi a ƙugu, don kada wani ya gudu ranar yaƙi, kuma tun da babu ɗan gari mai son aikin, baƙi ake kamawa. Ina cikin auna gefenta da hannuna, a matsayina na mai neman sani, sai na ji an damƙe ni. Ni, almajirin malamai goma sha ɗaya, aka ɗaure ni a igiya kamar ɗan maraƙi!

Kwana goma sha biyu muna haka. A rana ta sha uku da azahar hadari ya taso daga gabas, baƙi ƙirin. Sai na ce wa shugaban masu tsaronmu, "Ranka ya daɗe, a manyan ƙasashen da na zaga, sarakuna kan baje tuta gaba ɗaya a gaban hadari, domin gajimare ma su san mai ƙasa." Sakarai ne mai son a ce ya yi abin manya, nan take ya ba da umarni. Iska ta cika tutar, masu tsaro suka ruga neman mafaka, ni kuwa na zaro almakashi na miƙa wa na kusa da ni. Ya yanke igiyarsa ya miƙa gaba, haka haka har mutum talatin da tara suka kuɓuta. Na ƙarshensu, Allah ya saka mini, ya gudu da almakashin. Giginyu suka karye, tuta ta tashi sama, ni kaɗai a ƙarshen igiya ina lilo, na rungume gafakata.

Na ga koguna kamar zare a ƙarƙashina, na ga garken giwaye kamar tururuwa. Da la'asar iska ta kwanta, tuta ta sauko da ni a hankali cikin wani farin tafki. Na rufe ido ina kalmar shahada, sai na ga ban nutse ba: ruwan zartsi ne mai nauyin da yake ɗaukar mutum kamar ƙwarya. Wasu mata da ke aiki a bakin gaɓa suka jawo ni da ƙugiya. A gabansu akwai wata tsohuwa 'yar firit, hannayenta duk sun tsattsage da gishiri. Ta dube ni sama da ƙasa ta ce, "Kai kuma wa ya jeho ka? Fito mana, kana ɓata mana ruwa da dattin rawaninka."

Wannan ita ce Inna Gwamma, wadda ake kira Uwar Lifida, shugabar matan da ke ɗinka rigunan yaƙin Dalmasu. Ashe iska ta kawo ni inda ƙafa ta kasa.

Rigunan nan ɗari huɗu ne, kuma in faɗi gaskiya, ban taɓa ganin kayan yaƙi marasa kyan gani kamarsu ba. Kowace shekara matan kan tsoma su a tafki sau bakwai, suna shanyawa a inuwa, har su ƙandare su yi fari-fari da gishiri, suna wani irin ƙarni. In dakaru sun fito, awakin gari sai su bi su a baya suna lasa. Amma saboda amincewa da rigunan, mayaƙan Dalmasu sun daina riƙon garkuwa tun zamanin kakanni. Yaƙinsu shi ne su tunkari maharba da ƙirji, suna tafiya a hankali, har kwarin abokan gaba ya ƙare, sa'an nan su zare takubba.

Suna da wata doka da suke kira dokar hannun ƙarshe. In kibiya ta huda riga ta kashe mai ita, to wanda hannunsa ya yi wa rigar aiki na ƙarshe zai sa irinta, ya tsaya a taku arba'in, Sarkin Baka ya harbe shi a ƙirji. In aikinsa na kirki ne zai tsira. Inna Gwamma ce ke ƙulla zaren ƙarshe a wuyan kowace riga, kuma fiye da shekara sittin ba a taɓa kiranta ta tsaya ba.

Wata uku na yi ina bin ta don ta buɗe mini asirin aikin. Ba ta kira ni Malam ko sau ɗaya ba, sai Mai kundi. In na yi tambaya sai ta miƙo mini tulu ta ce, "Ɗebo ruwa, Mai kundi, hannu ne ke koyon wannan aiki." Na ɗebo, amma na riƙe ta a zuciya. Ina ganin tsoma riga a tafki al'ada ce kawai ta tsofaffin mata, ainihin asirin kuwa tana ɓoye mini shi a cikin ɗinki.

Ana nan sai manzon wata ƙasa mai nisa ya zo gaisuwa wurin Sarki Barmo, saurayin da bai cika shekara a gadon ubansa ba. Dakaru suka yi sahu a ƙofar fada. Manzo na cikin wucewa sai wani bunsuru ya kutso, ya ɗora ƙafafu a bayan wani dakare, ya shiga lasa. Manzo ya rufe baki da hannun riga ya ce, "Allah ya ja zamanin Sarki, a ƙasarmu makaɗa ne ke bin mayaƙa. A nan kuwa na ga awaki ne."

Sarki ya ji kunya ƙwarai. Yana da kawu, ƙanen mahaifiyarsa, mai suna Tunau, wanda aka ba sarautar Sarkin Ado, mutumin da bai taɓa jin ƙarar tsirkiya ba sai daga nesa, amma yana sauya riga sau uku a yini. Washegari a fada Tunau ya miƙe ya ce, "Ranka ya daɗe, an mai da mu abin dariya. A ba ni rigunan nan kwana goma in wanke su, in rina, in sa a buge su har manzanni su riƙa ganin fuskarsu a jiki."

Inna Gwamma ta tako har gaban karaga ba tare da ta durƙusa ba. Ta ce, "Ɗan nan, ni na ɗinka rigar da kakanka ya tsufa a cikinta."

Fadawa suka ɗauka, "Hattara, tsohuwa! Gaban Sarki kike!"

Ta ce, "Na san gaban wanda nake, ni na yi masa wanka yana jariri. Gishirin nan shi ne rigar. Shi ke shiga cikin auduga ya mai da ita dutse. Ka wanke shi, ka tura 'ya'yan mutane yaƙi da bargo."

Tunau ya yi dariya ya ce, "Camfin tsofaffi! Ga masani nan Allah ya jeho mana daga sama, wanda ya ga rundunonin duniya. Malam, gishiri miya ake yi da shi ko yaƙi?"

A nan ne, ya mai karatu, zan rubuta abin da ya fi ɗaurin Walwadi ciwo a gare ni. Wata uku ba wanda ya kira ni masani. Na miƙe, na gyara rawani, na yi jawabi mai tsawo, na lissafa rundunoni goma sha bakwai da na gani, na ce babu ɗaya da ke fita da ƙazamin kaya. Na ce bisa ga abin da na gada wurin mahaifina, ƙarfin lifidi a cikin auduga yake da matsin ɗinki, gishiri kuwa cin zare yake yi. Fada ta yi ta jinjina mini. Inna Gwamma ta dube ni na ɗan lokaci, ta ce, "Mai kundi, kibiya ba ta karatu." Ta juya ta fita.

Aka kwashi rigunan nan ɗari huɗu aka kai kogi. Aka dirje su da sabulun salo har ruwa ya yi fari, kifaye suka taso suna mutuwa. Aka kai su karofi aka rina, aka kai mabuga aka zuba shuni. Ranar da aka gama, Tunau ya tara gari, ya ɗauki wata gudumar itace mai adon azurfa, yana bi yana yi wa kowace riga bugun ƙarshe, maroƙa na yi masa kirari. Sa'an nan ya kira ni ya ce, "Malam, buɗe kundin nan naka da zai zaga duniya, ka rubuta abin da zan faɗa, kada ka rage ko wasali." Na rubuta, ya danna hatiminsa a ƙasa.

Ba zan yi ƙarya ba, rigunan sun yi kyau. Suna ƙyalli kamar fiffiken tsuntsun shaya, ga laushi kamar matashin kai. Samarin dakaru suna ta murna da rashin nauyi. Mutum ɗaya ne na ga bai yi murna ba, shi ne Sarkin Baka Gagare, wani dogon dattijo mara yawan magana. Ya dubi titi ya ce mini, "Malam, ka lura awaki sun daina bin yaranmu? Ban san me suka sani ba, amma ba na son sa."

Bayan kwana arba'in, Hargawa, maharban tuddan arewa waɗanda suka daɗe suna gaba da Dalmasu, suka sauko Mashigin Ƙaya. Dakarun Dalmasu suka tunkare su yadda suka gada, ƙirji a gaba, babu garkuwa, suna waƙa. Kibiya ta riƙa shiga shuni tana fita ta baya. Kafin su gane abin da ke faruwa su ja da baya, mutum arba'in da ɗaya sun faɗi. A cikinsu har da Tambai, ɗan farin Sarkin Baka.

Kana tsammani Tunau ya yafa toka ya nemi gafara? Tun kafin a gama binne mutane ya riga kowa zuwa fada. Ya ce wanki ba aiki ba ne, tsafta ce. Ya ce tsufa ya kama tsohuwa, ɗinkinta ya saki, da ma datti ne ke rufa mata asiri, kuma ƙullin ƙarshe a wuyan kowace riga nata ne. Sarki yaro ne, gari na kuka, ana neman wanda za a ɗora wa. Aka yanke cewa ranar kasuwa Inna Gwamma za ta sa wankakkiyar riga ta tsaya a taku arba'in. Mace mai shekara tamanin, a cikin rigar da ita da kanta ta ce bargo ce!

Na same ta da hantsi a tsakar gidanta, dogarai biyu a ƙofa, tana kaɗa zare kamar ba ita za a kashe jibi ba. Ta ce, "Ka zo ka rubuta, Mai kundi?"

Na ce, "Inna, na zo in ce na yi kuskure." Wannan kalma ban taɓa faɗa wa wani mahaluki ita ba kafin ranar.

Ta ce, "To, ka faɗa. Ya ɗinke ƙirjin wa?"

Na buɗe kundi na karanta mata abin da Tunau ya sa na rubuta. Mazari ya tsaya a hannunta. Can ta girgiza kai ta ce, "Kai baƙo ne. A garin nan ba a jin shaidar baƙo a kan jini sai ya tsaya wa kibiya tukuna, don a san ba bakinsa kaɗai ya kawo ba. Da wace riga za ka tsaya? Duk an wanke su." Sa'an nan ta ƙara da cewa, "Sai dai ta uban Gagare. Ita ce ta farko da na ƙulla ina budurwa. Ban san ko awaki sun bar wani abu ba."

Na tarar da Sarkin Baka a garkensa, zaune a kan turmi. Rigar na rataye a reshen wani gawo, shekara ashirin tana zaman gishirin lasa. Awaki sun lashe ta iya inda bakinsu ke kaiwa in sun miƙe a kan ƙafafun baya. Daga ciki zuwa ƙasa ta yi laushi kamar tsohon zane. Ƙirjin ne kawai ya rage da tauri, faɗin tafi biyu. Na gaya masa nufina.

Ya ce, "Malam, ni za a sa in harbi matar da ta ɗinka wa ubana riga, a kan jinin ɗana. Kwana biyu ina tunanin in yanke babban yatsana. Amma ka sani, tun da na binne Tambai hannuna ke rawa. In na sauka da tafi ɗaya, kibiya za ta fita ta bayanka."

Ina so in rubuta cewa ban ji tsoro ba, amma mai furfura ba ya ƙarya a takarda. Na ce, "Sarkin Baka, bakina ya taya kashe ɗanka. In hannunka ya sauka, ba ka zalunce ni ba."

Ya dube ni ya ce, "Kada ka numfasa in ka ga na ja. Kuma ka cire wannan rawanin, yana ɗauke mini ido."

Ranar kasuwa da rana tsaka gari ya cika fili. An riga an sa wa Inna Gwamma rigar shuni, ta sauko mata har idon sawu. Na fito tsakiyar fili a cikin rigar garke, kai ba rawani, awaki biyu na bi na. Mutane suka fashe da dariya duk da baƙin cikin da suke ciki. Na ɗaga murya na ce, "Allah ya ja zamanin Sarki, baƙo yana da shaida, kuma ya zo ya biya ta da ƙirjinsa."

Tunau ya ce, "Ranka ya daɗe, wannan ai iska ce ta kawo shi, ita ce kuma ta tafi da hankalinsa."

Wani tsohon bafade ya ce, "Doka ce, Sarkin Ado. In ya tsaya, a ji shi."

Aka ƙirga taku arba'in. Na ga Gagare ya ɗaga baka, na ga bakin kibiya yana rawa kamar ganye. Na riƙe numfashi. Abin da na ji bayan nan kamar harbin alfadari ne a ƙirji. Na faɗi rigingine, sama ta yi ta juyawa. Haƙarƙarina biyu sun karye, har yau suna gaya mini zuwan damina. Amma da aka tashe ni zaune, ga kibiya nan maƙale a rigar, bakinta ya lanƙwashe kamar ƙugiya, ko ɗigon jini babu.

Na ce a duba wuyan rigar da nake ciki, a duba wuyan wadda ke jikin tsohuwa. Aka duba: ƙulli iri ɗaya, ɗinki iri ɗaya, hannu ɗaya. Na ce, "Bambancinsu ɗaya ne, wannan ba ta ga sabulu ba." Sa'an nan na sa aka miƙo kundina, na karanta, kowace kalma tana soka mini haƙarƙari:

"Ni Tunau, Sarkin Ado na Dalmasu, na tarar da rigunan yaƙin ƙasata a hannun jahilan mata, na sabunta su da hikimata. Da hannuna na kammala kowace ɗaya daga cikin ɗari huɗu, kuma babu hannun da ya taɓa su bayan nawa. Duniya ta shaida aikina ne, ba na kowa ba."

Tunau ya yi tsalle ya ce, "Wannan ai yabo ne! Yabo ne kawai, ba shari'a ba!"

Wata mata daga cikin waɗanda aka kashe wa maza ta ɗaga murya: "Ranar yabo hannunka ne na ƙarshe, ranar jini kuma na Inna?"

Sarki ya karɓi kundin ya daɗe yana kallo. Ya ce, "Kawu, wannan hatiminka ne?" Tunau ya kau da fuska. Sarki ya sunkuyar da kai ya ce, "A cire wa Inna, a sa masa."

Aka sa masa rigar mai ƙyalli, aka ja shi zuwa taku arba'in. Dogarai suka riƙe shi a tsaye. Gagare ya ɗora kibiya ya ja tsirkiya har kunne, kuma wannan karon na duba da kyau, hannunsa ko motsi ba ya yi. Tunau ya fashe da kuka yana cewa, "Gishirin ne! Na yarda gishirin ne! Ku mayar da gishirin!"

Sai ga Inna Gwamma ta tako ta tsaya a tsakaninsu. Gagare ya ce, "Inna, kauce. Tambai ne."

Ta ce, "Na sani, ni na auna kafaɗarsa. Amma saurara, Gagare. Riga ɗari uku da hamsin da tara suka rage mini, Hargawa kuwa za su dawo da kaka. Ba ni da wadda zan ɓata da jinin wannan. Ku cire masa rigata, ku ba shi tulu. Kowace riga tsomi bakwai take so, ni kuma bayana ya gaji."

Gagare ya daɗe da baka a ɗane. Sa'an nan ya saki kibiyar a ƙasa, ta nutse har rabi, ya juya ya tafi garkensa.

Wata biyu Tunau yana jigilar ruwan zartsi daga tafki zuwa rumfunan shanya, rigarsa ta alharini ta yi fari da gishiri, awaki na bin sa a layi. Ni ma da haƙarƙarina ya ɗan haɗe na ɗauki tulu, ba wanda ya sa ni. A wannan jigila hannuna ya koyi abin da kunnena ya ƙi ji. Da kaka Hargawa suka dawo suna tsammanin banza ta faɗi, suka ƙarar da kwarinsu a kan ƙirazan da ba sa huduwa, kaɗan ne suka koma tudu. Ranar da zan bar garin, Gagare ya ba ni rigar ubansa. Inna Gwamma ta rako ni har bakin tafki, ta ce, "Sauka lafiya, Malam." Sau ɗaya ta faɗa, ban kuma nemi ta maimaita ba.

Da a nan labari ya tsaya, da na mutu da sanyin zuciya. Amma bayan shekara goma sha biyar na haɗu da wasu fatake 'yan Dalmasu a wani zango, na tambaye su Inna Gwamma. Suka dubi juna, ba su san sunan ba. Na tambaye su wa ya ceci garinsu daga Hargawa. Nan take suka rera mini wata waƙa ta wani gwarzo wai shi Tunau Sarkin Gishiri, wanda ya ajiye alkyabba ya ɗauki tulu da kansa wata biyu don ya taurara rigunan ƙasarsa. Ashe bayan rasuwar tsohuwa Sarki ya maido da kawunsa, ya yi masa sabuwar sarauta, maroƙa suka ƙarasa sauran. Na tashi na bar musu tuwon da aka kawo mana ban ci ba.

Saboda haka nake rubuta sunanta a nan da manyan baƙaƙe, Gwamma, Uwar Lifida, wadda ƙullinta ke wuyan rigar da ke zaurena, kowa ya zo ya duba. Kai kuma maƙwabci, ga amsarka. Rigar nan ba za ta ga ruwa ba ina raye. Wanda ya wanke ta bayan raina, to hannunsa ne na ƙarshe: ya sa ta, ya ƙirga taku arba'in.

Nan tawada ta ƙafe, haƙarƙari kuma ya fara gaya mini hadari na tafe. Allah ya jiƙan mutum arba'in da ɗaya na Mashigin Ƙaya, ya yafe wa bakin da ya taya.